Yadda ake cire batirin waya wanda aka manne a ciki

Wayoyin da aka saba da su a da, farce kawai za ka sa ka ɓalle murfin baya, batir ya faɗo a tafin hannunka. Yanzu wannan ya zama tarihi. Apple bai taɓa yin iPhone mai murfin da ake ɓallewa ba tun ta farko a 2007. A jerin Galaxy S, Samsung ya riƙe tsohon tsarin har zuwa S5 ta 2014, sai ya rufe bayan S6 da gilashi da gam a 2015. Tecno da Infinix da itel da Redmi duk sun bi sahu. Kamfanonin suna da hujjarsu: waya ta fi siranta, batir ya fi girma tunda ba ya buƙatar ƙwarya mai tauri, ruwa da ƙura kuma ba sa shiga da sauƙi. Amma a rufe ba yana nufin ba ya cirowa ba. Abin da ke tsakaninka da batirin bai wuce gam da 'yan sukurori da siraran wayoyi biyu ko uku ba. Duk aikin dabara ce ta shawo kan gam ba tare da ka lanƙwasa batirin ko ka huda shi ba. Wanda ya gane wannan ya gama rabin aiki.

Tukuna, sai an cire shi ne?

Mutane da yawa suna neman cire batir ne don waya ta daskare, ba ta amsa taɓawa, ba ta mutuwa. Wannan ba ya buƙatar buɗe komai. A Samsung da yawancin wayoyin Android, ka danne maɓallin kunnawa da na rage ƙara a tare, ka riƙe kamar daƙiƙa goma zuwa ashirin, za ta mutu ta sake tashi. A wasu, maɓallin kunnawa kaɗai za ka riƙe. A iPhone 8 zuwa sama, ka danna na ƙara murya ka saki, ka danna na ragewa ka saki, sannan ka riƙe na gefe har tambarin Apple ya fito.

Inda cirewa ta zama dole shi ne idan batir ya gaji ko ya kumbura. Gajiyarsa ba ta ɓuya: waya tana kan kashi 40 ta mutu, ka sa caji ta nuna 15, ko ta cika da safe kafin azahar ta faɗi. Masu iPhone suna iya dubawa a saitin batir, inda ake nuna lafiyarsa. Idan ta sauka ƙasa da kashi 80, lokaci ya yi. Kumburi kuwa ido ke ganinsa. Murfin baya ya ɗaga a gefe ɗaya, ko sikirin ya turo waje har haske na fita ta tsagar, ko ka ajiye waya a tebur tana tangaɗi.

Idan wayar tana cikin garanti, kada ka taɓa ta. Mai Tecno ko Infinix ko itel ya kai ta Carlcare, cibiyar gyaran kamfaninsu, mai Samsung ya nemi wakilansu. Haka kuma idan batirin ya kumbura sosai, yana zafi ba tare da ana caji ba, ko kana jin wani wari mai zaƙi-zaƙi irin na sinadarin goge jan farce, to ba aikin koyo ba ne. Ka kashe ta, ka fitar da ita tsakar gida a kan siminti, ka nemi ƙwararre.

Abin da kake shirin taɓawa

Batirin waya na yanzu galibi ba ƙarfe ba ne, jaka ce mai laushi ta siririn alminiyom. A cikinta akwai shimfiɗu biyu da aka naɗe tare kamar tabarma, ɗaya na ɓangaren wuta mai shiga ɗaya na mai fita, a tsakaninsu kuma wata leda da ba ta kai kaurin silin gashi ba, duk a jiƙe da ruwan sinadari mai kama wuta. Wannan 'yar ledar ita kaɗai ke hana shimfiɗun haɗuwa. Da zarar tsinin sukudireba ya ratsa ta, ko lanƙwasawa ta yaga ta, wutar da ke cikin batirin za ta zube gaba ɗaya a wuri ɗaya, zafi ya haifi zafi, cikin daƙiƙoƙi sai hayaƙi da harshen wuta.

Labarin Galaxy Note 7 ya isa misali. Ta fito a Agustan 2016, zuwa Oktoba Samsung ya daina yin ta saboda kama wuta. Da kamfanin ya yi bayani a Janairun 2017, sai ya nuna a wani rukunin batiran kusurwar sama ce kawai ta ɗan lanƙwashe saboda matsi, a ɗaya rukunin kuma tsinin walda ne ya huda ledar tsakiya. Ƙaramar lanƙwasa a kusurwa ke nan ta jawo wannan asara. To ina ga wanda ya zura wuƙa a ƙarƙashi yana banƙara?

Shi ya sa matakin farko ba ya buƙatar kayan aiki ko ɗaya: ka shanye cajin. Ka bar waya ta sauka ƙasa da kashi 25, idan ta mutu da kanta ma ya fi. Batirin da babu wuta a cikinsa ko an huda shi galibi hayaƙi zai yi ya tsaya, mai cike kuwa shi ne ke tashi. Wannan matakin shi aka fi tsallakewa a bakin kasuwa, saboda mai waya na tsaye yana jira, kuma shi ne mafi muhimmanci.

Kafin cajin ya ƙare, ka kwashe abin da ba ka son rasawa. Lambobi su hau asusun Google ko iCloud, hotuna su koma kwamfuta ko memori, WhatsApp a yi masa ajiya.

Kayan aiki

Ba su da yawa, kuma a kasuwar waya irin Farm Centre ko Beirut a Kano, ko Computer Village a Ikeja, ana samun su a ƙunshi ɗaya. Kana buƙatar ƙananan sukudirebobi: mai kan giciye lamba 000 shi ne na yawancin wayoyin Android, wasu kuma suna da sukurori masu kan tauraro, T3 zuwa T5. iPhone na da nata daban, mai kusurwa biyar da ake kira P2 na sukurori biyun da ke gefen bakin caji, da mai yatsu uku, Y000, na cikin iPhone 7 zuwa sama. Sai robar da ke kama gilashi, da 'yan fallayen roba masu siriri na tsaga gam, da tsinken roba na ɗaga mahaɗi, wato ɗan kan da ke jona batir da waya, da matsefata marar tsini. Wanda bai da fallayen, katin karta mai leda ko tsohon fim ɗin hoton ƙashi na asibiti da aka yanka ƙanana suna aiki sosai. Katin ATM ya yi kauri wajen fara buɗewa, amma yana da amfani daga baya.

Abu biyu ke kashe gam: ɗumi da sifirit. Na'urar busar da gashi ta wadatar wajen ɗumi. Sifirit ɗin da ake so shi ne isofurofil mai ƙarfin kashi 90 ko sama, don yana bushewa da sauri kuma ruwan cikinsa kaɗan ne. Ban da fetur, ban da tina. Suna cin roba da fenti, kuma zama da fetur kusa da batir ganganci ne.

Ka zauna inda iska ke shiga, a kan tebur na katako ko siminti, nesa da katifa da labule. A gefenka ka ajiye gwangwani ko tsohuwar tukunya da yashi a ciki. Ka cire zobe da agogo. Idan kana da tabarau, sa shi. Sai farar takarda da biro: ka zana siffar wayar, duk sukurun da ka kwance ka ɗora shi a gurbinsa a zanen, ka danne da salatif. Sukurorin suna kama da juna a ido amma tsawonsu ya bambanta, kuma dogon sukuru a gajeren rami yana iya huda fanel, wato babban allon lantarkin da ke cikin wayar, ya kashe ta. Masu iPhone sun fi kowa sanin wannan.

Abu na ƙarshe kafin a fara: ka nemi bidiyon buɗe ainihin samfurin wayarka, ba mai kama da ita ba. Shafin iFixit na da hotuna mataki-mataki na wayoyi da dama, YouTube kuma ya cika da na Tecno da Infinix. Abin da za ka duba a ciki guda biyu ne, ta ina ake buɗewa, kuma ina siraran wayoyin nan da masu gyara ke kira fileks suka bi.

Buɗe wayar

Ka kashe ta gaba ɗaya, ka zare gidan sim. Kada ka manta da shi, don yana ratsa jikin wayar, kuma wanda ya ja murfi gidan sim na ciki sai ya karya ɗayansu.

Wayoyi sun kasu gida uku a nan. Akwai masu bayan roba da aka maƙala da haƙora, kamar yawancin itel da ƙananan Tecno da tsofaffin Redmi. Waɗannan ba sa son zafi. Ka zura fallen roba ta wajen ramin gidan sim, tsakanin murfi da bakin sikirin, ka bi gefe a hankali, za ka ji haƙoran na sakin juna ɗaya bayan ɗaya, ƙas, ƙas. Ka zagaye duka kafin ka ɗaga.

Na biyu su ne masu bayan gilashi ko roba mai sheƙi da aka manne da gam, irin Galaxy S da yawancin Galaxy A da manyan Tecno Camon da Infinix Note. Ka hura iska mai zafi a gefen ƙasa na murfin minti ɗaya zuwa biyu, kana yawo da na'urar, kada ka tsaya wuri ɗaya. Ma'aunin shi ne yatsanka: idan gilashin ya yi zafin da ba ka son daɗewa a kai amma bai ƙona ba, ya isa. Gefuna kawai ake ɗumamawa, ba tsakiya ba, don tsakiyar nan batir ne a kwance. Ka kafa robar kama gilashi kusa da gefen, ka ja sama da ƙarfi mai ɗorewa, ba fizga ba, har 'yar tsaga ta buɗe. Ka zura falle, ka bar shi a nan don kada gam ya sake kamawa, ka ɗauki wani ka bi gefe kana yanka. Duk inda ka ji ya yi tauri, ka tsaya ka ƙara ɗumi. Gilashin baya a kusurwa ya fi fashewa, saboda haka kusurwa ake lallaɓawa. Kada fallen ya shiga ciki fiye da milimita uku zuwa huɗu, wato kamar farin bakin farce.

Ga tarkon da ya fi kama sababbin hannu: idan wurin sa yatsa na buɗe waya a baya yake, to sau da yawa akwai fileks da ya haɗa murfin da fanel. Murfi ya saki, murna ta sa ka ɗaga shi sama, sai ka ji ɗan tsit, ya tsinke. Ka ɗaga kaɗan tukuna, ka leƙa da fitila, ka ga ta wane gefe yake, ka kifar da murfin ta wannan gefen.

Na uku su ne waɗanda ake shiga ta sikirin, kuma yawancin iPhone nan suke. Bayan kwance sukurori biyun ƙasa da ɗumama gefe, sikirin ake ɗagawa. iPhone 6 da 6s suna buɗewa daga ƙasa zuwa sama. Daga 7 zuwa 11 ana ɗaga gefen hagu a kifar dama, 12 da 13 kuma akasin haka. Kada ka buɗe shi fiye da tsayuwa, ka jingina shi da kwali ko kwalba. A saman sikirin akwai fileks na na'urorin gane fuska, ɓata shi na iya raba ka da Face ID. iPhone 14 da 15 waɗanda ba Pro ba, ta gilashin baya ake isa ga batirinsu. Ni dai a ganina wanda bai taɓa buɗe waya ba kada ya fara da mai buɗewa ta sikirin, don kuɗin sikirin ya ninka na batir sau da yawa.

Idan batir ya kumbura har ya ɗaga murfi da kansa, kada ka sa zafi ko kaɗan. Ya riga ya yi maka rabin buɗewar. 'Yan ɗigon sifirit a bakin tsagar da fallen roba sun isa.

Raba batir da fanel

Da ka buɗe za ka ga batirin baƙi ko ruwan azurfa ya cinye fiye da rabin cikin wayar. Kada ka kai masa hannu tukuna. Saman wayar akwai murfin roba ko na ƙarfe da ya rufe fanel, da sukurori a jikinsa. Wani lokaci ɗaya na ɓoye ƙarƙashin farar takardar garanti. Ka kwance su, ka jera a zanenka, ka ɗaga murfin. A wayoyin da ke yin caji ba tare da an jona igiyar caja ba, akwai baƙin faifai mai laushi da ya kwanta a kan batir, yawanci tare yake tashi da wannan murfin. Ka ɗauki hoto da wata wayar kafin ka taɓa komai, zai yi maka rana wajen mayarwa.

Ka bi ɗan gajeren fileks da ya fito daga kan batirin zuwa inda ya dafe a fanel. Wannan mahaɗin shi ake fara cirewa kafin kowane. Ka sa bakin tsinken roba ko farcenka a ƙarƙashin gefensa, ka ɗaga shi sama a miƙe, zai ɓalle ba gardama. Ƙarfe ba ya zuwa nan, don ƙafafun mahaɗin suna kusa da juna kuma da wuta a jikinsu ko waya na kashe. Ka kula kuma kada tsinken ya shiga ƙarƙashin soket ɗin da ke manne da fanel, ko ya kankare 'yan ƙananan ƙwayoyin da ke kewaye da shi, waɗanda ba su kai ƙwayar gero ba. Bayan ya ɓalle, ka ɗan lanƙwasa shi baya don kada ya koma ya taɓa.

A Samsung da wasu da yawa za ka ga fileks mai faɗi ɗaya ko biyu sun hau ta kan batir daga fanel zuwa ƙaramin allon caji na ƙasa. Ka ɓalle su ta kai biyu ka ajiye gefe. A wasu wayoyin kuwa ta ƙarƙashin batirin suka bi, ba ka ganinsu, kuma nan ne bidiyon da ka kalla zai cece ka, don za ka san gefen da ba a zura komai. A gefuna kuma akwai siraran wayoyin eriya, fara ko baƙa ko shuɗiya, su ma a kiyaye su.

Ɗaga batirin

A nan ne ake yi ko a ɓata, kuma yadda za ka yi ya danganta da irin gam ɗin da kamfanin ya sa.

Mafi sauƙi su ne masu rigar leda. Yawancin Redmi da Oppo da Tecno da Infinix, da Samsung tun daga S23 ta 2023, suna naɗe batir da leda mai kunnuwa, an rubuta 1 da 2 ko A da B a jikinsu, wani lokaci har da ɗan zanen yadda ake yi. Ka ɓare kunnuwan da aka ce a fara ɓarewa ka kwantar da su gefe, ka danne wayar da hannu ɗaya, ka kama babban kunnen ka ja sama a hankali. Za ka ji gam na saki da ɗan ƙara. Idan ka ga batirin na shirin lanƙwashewa a tsakiya, ka tsaya, ka ɗiga sifirit a gefen, ka jira.

Sai masu zaren gam mai miƙewa, irin na iPhone. A ƙarƙashin batirin akwai fararen ɗamara biyu zuwa huɗu, kansu baƙi ya lanƙwaso a bakin batir. Ka ɓare kan da matsefata ko farce, ka kama shi duka faɗinsa, ka ja a hankali, a kwance kusa da jikin wayar, ba sama ba. Zai yi ta miƙewa har ya ninka tsawonsa sau da yawa, yana sirancewa yana zamowa daga ƙarƙashi. Kana ja kana matso da yatsunka kusa da batir, ko ka riƙa naɗe shi a jikin matsefata. Kada ka bari ya murɗe, kada ya gogi kaifin wani abu, kada kuma ka danne batirin da ɗaya hannun, don dannewa na riƙe zaren. A samfura da dama sai an cire lasifika da injin jijjiga na ƙasa kafin a sami filin ja a kwance. Zare ɗaya na iya cin rabin minti ko fiye. Sauri kan haifi nawa, don da ka fizga zai tsinke, ragowar ta koma ƙarƙashi. Idan ya tsinke kuma bakinsa na leƙowa, ka kamo shi ka ci gaba. Idan ya ɓace, ka gama da sauran zaruruwan, sannan ka koma hanyar da ke tafe.

Mafi taurin kai su ne waɗanda aka shafa wa gam kai tsaye ba kunne ba zare, kamar Galaxy S6 zuwa S22. Ka karkata wayar, ka ɗiga sifirit kaɗan, ɗigo huɗu ko biyar, a tsagar da ke tsakanin batir da jikin waya ta gefen da ya ɗaga, don ya gangara ƙarƙashi. Kada ka malala shi, yana iya ratsawa zuwa bayan sikirin ya bar tabo a hasken. Ka jira minti biyu cikakku. Sannan ka kafa robar kama gilashi a bayan batirin ka ja sama da ƙarfi mai ɗorewa, ka sa kati mai faɗi a gefe yana tallafawa. Faɗin katin shi ne amfaninsa, yana raba nauyi, ba kamar tsinke ba da ke nutsewa wuri ɗaya. Katin kwance yake shiga yana yanka gam, ba a mayar da shi abin banƙara. Ya ƙi? Ƙara sifirit, ƙara jira. Zagaye uku ko huɗu ba abin mamaki ba ne. Wata dabarar ita ce zare mai ƙarfi, irin na masu gyaran takalmi: ka zura shi ƙarƙashin kusurwar sama, ka naɗe bakinsa biyu a yatsu ko a 'yan sanduna, ka riƙa ja hagu da dama yana yanka gam har ƙasa, muddin ka tabbata ba fileks a ƙarƙashin.

iPhone 16 da 16 Plus na 2024 sun zo da sabon salo. Gam ɗinsu wutar lantarki ke sakinsa: a haɗa ƙaramin batir mai bolt 9, jan waya a kunnen azurfa da ke jikin batirin, baƙa a sukurun jikin wayar da aka tanada, a jira kamar minti ɗaya da rabi, batir ya taso ba ja ba banƙara. Ana sa ran irin wannan sauƙin zai yawaita, don dokar batura da Tarayyar Turai ta yi a 2023 ta ce daga Fabrairun 2027 na'urorin hannu su zama mai su na iya canja batir da kayan aiki na gama-gari, ko da yake an yi wa wasu wayoyi sassauci.

Duk irin da ka tarar, reza da wuƙa da bakin sukudireba ba sa shiga ƙarƙashin batir, na'urar hura iska mai zafi kuma ba ta hura shi kai tsaye. Za ka ga masu gyara da suka daɗe suna yi da ƙarfe suna tsira. Hannunsu ya saba, kuma su ma ka tambaye su za su ba ka labarin ranar da teburi ya turnuƙe.

Idan ka ji tsss, ko ka ga hayaƙi, ko batirin ya fara zafi a hannunka, kada ka tsaya ceton waya. Ka tura ta cikin tukunyar yashi ko ƙasa a kan siminti da wani abu mai tsawo, ka ja baya, ka fitar da yara, ka buɗe ƙofa da taga. Hayaƙin guba ne, kada ka shaƙa. Ka bar shi ya cinye kansa, ka rufe da yashi, kuma kada ka ɗauka da hannu sai ya huce sarai, don yana iya sake tashi.

Sa sabo da rufewa

Batirin da ya lanƙwashe ko ya sami rauni wajen cirewa ba ya komawa cikin waya, ko da yana aiki. Sabon kuwa da lambar da ke jikin tsohon ake sayensa, ba da sunan waya kaɗai ba. Na Tecno da Infinix da itel suna farawa da BL, na Samsung da EB, na Xiaomi, masu yin Redmi, galibi da BN ko BM. Ka gwada girma da siffar mahaɗi, ka duba ranar da aka yi shi idan an buga. Wanda aka rubuta masa ƙarfin da ya ninka na asali alhali girmansu ɗaya, ƙarya ce aka buga a takarda. Masu iPhone XS da XR zuwa sama su sani wayar za ta iya nuna saƙon cewa ba ta gane batirin ba idan ba ta hanyar Apple aka sa shi ba. Tana aiki duk da haka.

Ka kankare ragowar tsohon gam da tsinken roba, ka goge da sifirit, ka bari ya bushe. Ka duba ramin da kyau, ko ƙwayar yashi ko ɓataccen sukuru a ƙarƙashin batir na iya huda shi a hankali. Kafin ka manne komai, ka mayar da fileks ɗin da ka cire, ka dafa mahaɗin sabon batir a ƙarshe, ka kunna waya, ka gwada caji da taɓa sikirin da lasifika da wurin yatsa. Mahaɗi idan ya daidaita da ɗan dannawa yake shiga, ka ji ƙas. Idan bai shiga ba kada ka tilasta, ka ɗaga ka sake saitawa. Komai lafiya, sai ka kashe, ka ɓalle mahaɗin, ka sa salatif mai gam fuska biyu a ramin, ka kwantar da batirin yadda fileks ɗinsa zai kai soket ba ja, ka danna da tafin yatsu. Sufa gulu ba ya zuwa kusa da batir, wanda zai canja shi nan gaba ma yana da haƙƙi a kanka.

Murfin baya ana mayar da shi da gam ɗin da aka yanka daidai samfurin, ko siririn layi na gam ɗin B-7000 a gefuna, a ɗaure da robar kuɗi na wasu awanni. Ko wayar tana cikin masu jure ruwa a da, daga yau kada ka ƙara dogara da hakan. Ka yi mata caji har 100, ka bar ta a jone kamar awa biyu, ka yi amfani da ita har ta mutu da kanta, ka sake cikawa ba yankewa, don lissafin kashin da take nunawa ya daidaita da sabon batirin.

Tsohon kuma ka rufe bakin mahaɗinsa da salatif, ka sa shi a gwangwani da yashi, a inuwa, inda yara ba sa kaiwa. Ba a jefa shi a shara, don jujinmu wuta ake cinna masa, masu jari bola kuma suna dandaƙa abin da suka tsinta. Ka kai shi cibiyar gyaran kamfanin wayar ko shagon da ke tara tsofaffin batura, ka gaya musu idan kumburarre ne kafin ka miƙa.